Hatsin bara a daren Asabar: abin da ya tara iyalan Birtaniya gaban akwati ɗaya

Injiniyoyin da ke kula da babban layin wutar lantarki na Birtaniya sun daɗe da wata al'ada da baƙo zai yi mamakinta. Jadawalin shirye-shiryen talabijin ba ya nisa da teburinsu, suna dubansa kamar yadda manomi ke duban gabas in damina ta kama. Dalili kuwa, da zarar shiri mai farin jini ya ƙare, ko an tafi talla, gidaje miliyoyi kan miƙe lokaci guda, kowa ya nufi kicin ya jona butar shayi. Cikin minti biyu ko uku sai wutar da ake ja ta yi tsalle, in ba a tanadi ƙari ba a ji jiki. Ƙasa sukutum tana kallon abu ɗaya a sa'a ɗaya, har ƙishin shayi ma tare yake kama ta.

In ka cire ƙwallon ƙafa da wasannin kwaikwayo masu dogon zango, babu abin da ya iya tara su haka kamar shirye-shiryen da suke kira variety, wato iri-iri. Da Bahaushe aka ba raɗin suna, hatsin bara zai ce. Cikin sa'a guda za a fito da mawaƙiya, a bi ta da ɗan barkwanci, sai jerin 'yan rawa, sai mai rufa-ido, sai wani da ke wurga faranti sama yana cafewa, wataƙila har da karen da aka koya wa tafiya da ƙafa biyu, sannan a rufe da babban tauraro. Mutum ɗaya ke ɗinke waɗannan ƙyallaye, mai gabatarwa, kuma shi ake tunawa bayan an manta da sauran.

Tsofaffin Birtaniya in suna ba da labarin waɗannan shirye-shirye, da kewa suke yi. Sai su ce zamani ne na kunya da ladabi, lokacin da kaka da jika za su zauna kujera ɗaya su yi dariya ɗaya. Ban ƙaryata su ba. Sai dai a ganina ba kyan hali ne ya haifi tsarin ba, ƙarancin zaɓi ne. A shekarun 1950, a yawancin gidajen ma'aikata ɗaki ɗaya ne ke da ɗumi da hunturu, wanda ake hura kwal a cikinsa. Akwatin talabijin ɗaya ne, kuma a wannan ɗakin yake. Tasha ɗaya ce har 1955, biyu har 1964, uku har 1982. Ga mutum shida masu shekaru daban-daban, kowa da abin da ransa ke so, babu kuma wurin gudu. Hatsin bara sulhu ne aka yi musu: in wannan mai waƙar ba ta yi maka ba, yi haƙuri, minti shida ne, naka na tafe.

Asalin abin ba daga talabijin yake ba. A tsakiyar ƙarni na 19 masu gidajen giya a Landan suka fara gina zaure a gefe, inda leburori za su ci su sha su saurari waƙa da barkwanci. Charles Morton ya buɗe nasa, mai suna Canterbury, a unguwar Lambeth a 1852, kuma shi ake yi wa kallon uban sana'ar. Wuri ne na hayaniya da hayaƙin taba, 'yan kallo na mayar wa mai waƙa magana, in bai gamsar ba a yi masa ature. Wanda ya taɓa tsayawa a da'irar 'yan kama ko 'yan gambara a bakin kasuwa ya san irin yanayin: habaici, zambo, da batsar da aka lulluɓe yadda babba zai gane yaro ya wuce.

Da manyan kuɗi suka shigo sai lissafi ya sauya. 'Yan kasuwa irin su Edward Moss da Oswald Stoll suka gina katafaren gidajen wasa a birane, suka kuma lura cewa magidanci in ya zo shi kaɗai tikiti ɗaya ne, in ya zo da matarsa da 'ya'yansa tikiti biyar ne. Sannu a hankali aka fitar da giya daga zauren kallo, aka kafa kujeru a jere, aka koma yin wasa sau biyu kowane dare, aka ja kunnen 'yan wasa su iya bakinsu. Da wannan niyya Stoll ya buɗe gidan Coliseum a 1904. Nan zancen nishaɗin iyali ya samo tushe, kuma tun farkonsa dabarar sayar da tikiti ce. Hatimin fada ya biyo baya a 1912, da Sarki George na Biyar da matarsa Sarauniya Mary suka halarci wani wasa na musamman a gidan Palace. Marie Lloyd, wadda ta fi kowa farin jini a lokacin, ba a gayyace ta ba, don waƙoƙinta duk harshen damo ne. Wannan taron ne ya zama Royal Variety Performance, wanda har yau ake yi shekara-shekara a gaban 'yan gidan sarauta, kuɗin da aka tara kuma ya tafi gidauniyar da ke kula da tsofaffin 'yan wasa.

BBC ta fara talabijin na yau da kullum a Nuwamban 1936, yaƙi ya rufe shi a 1939, aka dawo a 1946. Bikin naɗin Sarauniya Elizabeth a 1953 ya sa jama'a suka yi rububin sayen akwati. Amma ranar da ta fi shafar labarin nan ita ce 22 ga Satumba 1955, ranar da ITV ta buɗe, tashar 'yan kasuwa mai rayuwa da talla. Kwana uku bayan haka, a daren Lahadi, aka fara Sunday Night at the London Palladium, kai tsaye daga gidan wasan da ya fi kowane suna a wannan fage. Val Parnell, mai riƙe da jerin gidajen wasa na Moss Empires, da Lew Grade, babban dillalin 'yan wasa, su ne kuma manyan kamfanin ATV da ya shirya shi. Ba wani sabon abu suka ƙirƙira ba, dandamalin suka ɗauko suka dire a falon kowa. 'Yan rawan Tiller Girls su buɗe, a tsakiya a kira wasu daga 'yan kallo su yi tsere da agogo, a ƙarshe duk waɗanda suka fito su hau faifan dandamali mai juyawa suna ɗaga hannu. A 1958 aka miƙa shirin ga wani mai doguwar haɓa, Bruce Forsyth, wanda tun yana ɗan shekara 14 yake yawon gidajen wasa. A Oktoban 1963 mawaƙan Beatles suka fito a cikinsa, washegari jaridu suka cika da labarin 'yan matan da suka yi dandazo a titi suna ihu, daga nan aka fara maganar haukan Beatles.

A nan ne kuma aka ci moriyar ganga aka ya da kwaurenta. Ɗan wasan da can jarinsa bai wuce minti goma sha biyu ba, amma ya goge su shekara da shekaru har sun yi santsi. Wannan mako yana Leeds, na gaba Bristol, sai Glasgow. Kafin ya zagayo garin farko an yi shekara, an manta ko an yi kewa. Da waɗannan 'yan mintoci zai ci abinci har tsufa. Talabijin kuwa dare ɗaya take cinye su. Miliyoyi sun gani, to gobe me za ka kawo? Su ma 'yan kallo, me zai fitar da su cikin sanyi su biya kuɗi alhali ga Palladium a ɗaki? Sai gidajen wasa suka shiga rufewa ɗaya bayan ɗaya. Shepherd's Bush Empire ya koma wurin ɗaukar shirye-shiryen BBC tun 1953. Hackney Empire ya faɗa hannun ATV, daga baya ya zama gidan cacar bingo. Glasgow Empire ya rufe a 1963, kuma ba na jin 'yan barkwancin Ingila sun yi masa kuka, don 'yan kallonsa ba sa yafiya. A bakin 'yan sana'ar, in mutum ya yi ta zuba babu wanda ya dara, sai su ce ya mutu a dandamali, Glasgow kuwa ita ake kira maƙabarta. Abin da ya fi ba ni dariya shi ne, a daidai 1953 ɗin BBC ta fara wani shiri daga tsohon gidan wasa na City Varieties a Leeds, The Good Old Days, inda 'yan kallo ke zuwa da tufafin kakanninsu suna kwaikwayon abin da talabijin ke kan kashewa. Shekara 30 ya yi.

Tunda akwatin ba ya ƙoshi, wanda ya tsira shi ne mai marubuci a bayansa. Eric Morecambe da Ernie Wise, dogo mai tabarau da gajere mai ji da kai, sun fara shirinsu na talabijin a 1954 aka yi musu kaca-kaca. Wani mai sharhi a jarida har ya ce ma'anar talabijin ita ce akwatin da aka binne Morecambe da Wise a ciki. Morecambe ya yanke takardar ya ajiye. Daga 1969 wani mutumin Liverpool, Eddie Braben, ya karɓi rubuta musu, ya mai da su tamkar tsofaffin abokai masu zama gida ɗaya suna ta tsiya. Dabararsu ita ce su gayyato mutum mai nauyi su sauke shi ƙasa cikin raha. A 1971 André Previn ne, jagoran makaɗan gargajiyar Turai da duniya ke girmamawa, Morecambe ya ci masa kwala a kan yadda ake kaɗa piyano. A 1976 Angela Rippon ce, mai karanta labarai da ba a taɓa ganinta ba sai daga ƙirji zuwa sama, ta fito daga bayan tebur ta cashe. Kowa a falo ya samu nasa: mai son kiɗa, mai bin labarai, da yaron da marin wasa kawai yake jira. Shirinsu na daren Kirsimeti na 1977 mutum fiye da miliyan 20 suka kalla, a ƙasar da jama'arta wajen miliyan 56 ne kawai.

Sulhun falo yana buƙatar doka, kuma an rubuta ta. A 1949 BBC ta raba wa marubuta da masu shirya nishaɗi wani ɗan kundi da aka fi sani da Koren Littafi, wanda ya haramta barkwanci kan bayan gida, da amarya da ango, da kamfan mata, da ɗan hayar da ke zaune gidan matar wani. Har zuwa 1957 ma tashoshin kan rufe ɗif daga ƙarfe 6 zuwa 7 na yamma don iyaye su samu kwantar da ƙananan yara. Kamfanonin ITV ne suka matsa aka soke, saboda sa'a guda ba talla asara ce. Abin da ya rage har yau shi ne iyakar ƙarfe 9 na dare. Kafin ta, abin da za a nuna dole ya zama wanda yaro zai iya gani, hukumar Ofcom kuma na sa ido. Sai dai doka ba ta kashe harshen damo ba, wasa shi ta yi. Gwani a fagen shi ne mai magana hawa biyu: yaro ya yi dariyar faɗuwar da aka yi, uba ya yi tasa yana kallon silin, uwa ta harare shi.

Tashoshin biyu kowace da dalilinta na son taro. ITV talla take sayarwa, mai sabulu da mai ganyen shayi kuwa kai suke ƙirgawa. BBC ba ta sa talla a gida. Kowane gida mai kallo ne ke biyan kuɗin lasisi na shekara, wanda ya kai fam 174.50 a 2025. Mai karɓar kuɗi daga kowa dole ya nuna ya ba kowa wani abu, don haka daren Asabar hujja ce ga BBC a gaban 'yan majalisa kamar yadda labarai suke hujja. Shi ya sa za ka ga gidan da John Reith, ɗan limamin coci mai tsananin kamun kai, ya ɗora a kan wayarwa da ilmantarwa, yana zuba maƙudan kuɗi a kan riguna masu walƙiya. Ma'aikatan talabijin ma da zolaya suke kiran irin waɗannan shirye-shirye, wai na daɓe mai ƙyalli.

To amma iyalin wa ake nufi? Daga 1958 har 1978 BBC ta nuna The Black and White Minstrel Show, inda Turawa maza ke shafe fuska da baƙi, su zana farin baki da fararen idanu, su yi ta rera tsofaffin waƙoƙin kudancin Amurka. Ba ɗan ƙaramin shiri ba ne na gefe. Yana cikin waɗanda suka fi masu kallo, ya ci babbar kyauta a Montreux ta Suwizalan a 1961, kuma an yi shekara goma ana nuna shi a dandamali a Landan. A 1967 wata ƙungiyar yaƙi da wariyar launi ta kai wa BBC takardar koke, aka ci gaba da yi har shekara 11 bayan haka. Duk wannan lokaci mutanen Jamaika da Indiya da Pakistan da Afirka ta Yamma suna zaune a Birmingham da Landan, suna biyan lasisi ɗaya da kowa. Lenny Henry, ɗan iyayen da suka zo daga Jamaika, ya yi fice a gasar New Faces a 1975 yana ɗan shekara 16, hanyar da aka buɗe masa kuma ita ce yawo da tawagar dandamali ta wancan shirin na masu shafe fuska da baƙi. Ya sha faɗa daga baya cewa abin ya daɗe yana ci masa rai. Can kuma a Manchester, kamfanin Granada, wanda yana cikin waɗanda gwamnatin Arewa ta haɗa hannu da su wajen kafa talabijin a Kaduna a 1962, ya fara The Comedians a 1971. 'Yan barkwancin gidajen shaƙatawar leburori ya kwaso, jarinsu kuwa surukai mata da mutanen Ailan da 'yan Pakistan. Sulhun ya zauna ne saboda waɗanda ake yi wa dariyar ba a tambaye su ba.

Akwai wanda ya fi wannan muni. Jimmy Savile ya yi kusan shekara 20 yana gabatar da Jim'll Fix It, shirin da yara ke rubuto burinsu a cika musu. Bayan mutuwarsa a 2011 aka gano kura ce da fatar akuya. Binciken da Dame Janet Smith ta miƙa a 2016 ya ƙirga mutum 72 da ya ci zarafinsu ta hanyar aikinsa na BBC, kuma ya nuna ƙananan ma'aikata na tsoron kai ƙarar tauraro. Amanar da iyaye suka ba akwatin ita ce ta zame masa garkuwa.

In ana neman ranar da tsohon zamanin ya ƙare, da dama sukan nuna 15 ga Afrilu 1984. Tommy Cooper, ƙaton mutum mai jar dara a ka, sana'arsa ita ce rufa-idon da ke lalacewa da gangan; tun kafin ya buɗe baki ake dariya. A daren yana tsakiyar wasa a shirin Live from Her Majesty's, kai tsaye, sai ya sulale ƙasa a gaban labule. 'Yan kallo suka fashe da dariya, sun ɗauka cikin wasan ne. Zuciyarsa ce ta buga. Aka tafi talla, aka dawo aka ci gaba da shirin a gaban labulen. Kalmar da 'yan sana'ar suka yi shekaru suna zolayar juna da ita ta tabbata a idon miliyoyi. Mako shida bayan haka Eric Morecambe ya faɗi jim kaɗan da sauka daga dandamali a garin Tewkesbury, bai kai ga tashi ba.

Amma ba mutuwar mutum biyu ce ta wargaza taron ba. Channel 4 ta zo a 1982. Na'urar bidiyo ta shiga gidaje, tauraron ɗan'adam na Sky ya fara a 1989, ɗakunan kwana suka samu ɗumi suka kuma samu nasu akwatin. Sabbin 'yan barkwanci da suka taso daga Comedy Store, wanda aka buɗe a Soho a 1979, suka riƙa yi wa barkwancin suruka kallon raini. A 1989 aka sallami Benny Hill duk da kasuwar da yake yi a ƙasashen waje. Matashin da ke da wurin gudu ba zai zauna jiran mai wurga faranti ya gama ba.

Da a ce labarin ya tsaya nan, da an ce an yi an gama. Sai dai tun ana tsakiyar cin kasuwa an riga an shuka abin da zai gaje ta. A 1971 BBC ta aro tsari daga Holan ta ba Forsyth, aka kira shi The Generation Game. Za a kawo 'yan gida ɗaya biyu-biyu, uwa da ɗa, ko uba da surukarsa, a nuna musu gwani yana ginin tukunya ko naɗa kullu, a ce su ma su gwada. Tukunya ta rushe, kullu ya manne a gashi, gida ya ɗauki shewa. A ƙarshe wanda ya yi nasara ya zauna kaya na wucewa gabansa a kan bel, duk abin da ya iya tunawa nasa ne. Forsyth yana da gaisuwar da yake farawa 'yan kallo su ƙarasa, kamar mai waƙa da 'yan amshi. Hikimar a nan ita ce an ɗauko iyalin da kansa an ɗora a dandamali. Gwani minti goma sha biyunsa na ƙarewa, amma talaka mai kwaɓa ba ya ƙarewa, kuma ba a biyansa kuɗin tauraro. A ɗaya ɓangaren Hughie Green na ITV yana da Opportunity Knocks, inda sabbin hannu ke nuna bajinta, masu kallo su aiko da zaɓinsu a katin gidan waya. New Faces ta ƙara da teburin alƙalai, har da mai baƙin baki guda da kowa ke son ƙi. Da BBC ta farfaɗo da Opportunity Knocks a 1987, sai ƙuri'a ta koma ta tarho.

Haɗa waɗannan uku, talaka a dandamali da alƙali mai baƙin baki da ƙuri'ar tarho, ka samu Britain's Got Talent da Simon Cowell ya kawo a 2007. Duba abin da ke fitowa a ciki: mai waƙa, 'yan rawa, mai rufa-ido, ɗan barkwanci, kare. Takardar jerin 'yan wasan 1912 ce sak, har ladan ma, ban da fam 250,000, shi ne a fito a Royal Variety Performance. Mai sayar da wayar hannu, Paul Potts, ya ci na farko da waƙar opera. A 2012 wata yarinya da karenta Pudsey suka ci. A 2019 tsohon soja ɗan shekara 89. An sayar da tsarin ƙasashe da dama, har Najeriya ta yi nata a 2012. Strictly Come Dancing kuwa, wadda BBC ta fara a 2004 da Forsyth yana da shekara 76, ta ɗauko tsohuwar rawar biyu-biyu ta haɗa fitattun mutane da ƙwararru, kuma kusan kowace shekara sai ta je Blackpool, garin bakin teku da leburori ke zuwa hutu tun zamanin kakanni. Ant da Dec, abokai biyu daga Newcastle, suka riƙe Saturday Night Takeaway daga 2002, da ɗan hutu a tsakani, har suka jingine shi a 2024.

Kiɗa ya canza, rawa ma ta canza, kuma wurin da ta canza ɗin ne ya fi ɗaukar hankalina. Da, haƙuri ke riƙe mutum a kujera. Yanzu zullumi ne: wa za a kora yau? Kana da ɗan takara, kana da ƙuri'a, in kuma ka bari sai gobe wani zai riga ya faɗa maka sakamako. Wannan ne kaɗai abin da manhajojin kallon fim ba su iya ƙwacewa ba, abin da ke faruwa yanzu-yanzu. Ba kyauta yake zuwa ba kuwa. Da ƙuri'a ta zama hanyar kuɗi sai aka fara ha'inci. A 2008 Ofcom ta ci tarar ITV fam miliyan 5.675 kan gasannin tarho da aka karɓi kuɗin mutane alhali ba a yi zaɓen bisa gaskiya ba, har da na shirin Ant da Dec. Sannan sabon hannu ba shi da kaurin fatar wanda ya sha mutuwa a Glasgow. Lena Zavaroni ta ci Opportunity Knocks a 1974 tana 'yar shekara 10, ta yi fama da cutar ƙin cin abinci har ta rasu tana 35. Susan Boyle, wadda aka fara yi wa dariyar raini kafin ta buɗe baki a 2009, an kwantar da ita asibiti washegarin wasan ƙarshe saboda nauyin abin ya fi ƙarfinta.

Ta wani gefen kuma an faɗaɗa falon. A 2021 Rose Ayling-Ellis, kurma, ta ci Strictly, kuma a wata rawarta aka kashe kiɗan na 'yan daƙiƙoƙi suka ci gaba cikin shiru, don masu ji su ɗanɗana yadda take rawa. A 2024 makaho, Chris McCausland, ya ci. Tashar da ta yi shekara 20 tana shafa wa mutane baƙi a fuska ce ke nuna wannan, kuma ba na ganin tuba ce kawai. Mai karɓar lasisi daga kowa ya gane kowa ɗin ya ƙaru.

Labarin Susan Boyle ɗin nan yana da wata fuska. Yawancin waɗanda suka san ta a duniya ba shirin suka kalla ba, guntun bidiyonta suka gani a YouTube. Wasan ƙarshe na shekarar ya tara fiye da mutum miliyan 17 a Birtaniya. Na 'yan shekarun nan ba sa kai rabin haka, amma guntayensu na yawo a wayoyi daga Manila har Kano. An koma minti shidan ɗan wasan da, sai dai babu sauran takardar, babu mai gabatarwa, babu jiran na wani ya wuce. Abin da ya tafi da sulhun shi ne ganin abin da ba kai ka zaɓa ba. Yaron 1963 da ya zauna don Beatles, dole ya ga mai tafiya kan igiya kafin su fito, kakarsa kuma dole ta ji Beatles. Yau kowa a falon da akwatinsa a tafin hannu. Masu tsara daren Asabar sun san haka, shi ya sa suka koma ga tsohuwar zuma: BBC ta dawo da shirin gwada ƙarfi na Gladiators a 2024 don iyayen da suka kalle shi suna yara a shekarun 1990 su zaunar da nasu 'ya'yan, ITV ta aro The Masked Singer daga Koriya ta Kudu a 2020 don gida ya yi ta gardamar waye a cikin rigar, ɗan barkwanci Michael McIntyre kuma yana karɓar wayar baƙonsa a gaban jama'a ya aika saƙon shiririta ga duk lambobin da ke ciki, wato ya mai da wayar, kishiyar talabijin, abin wasa.

Bruce Forsyth ya bar Strictly a 2014, ya rasu a Agustan 2017 yana da shekara 89, bayan ya fara fitowa a talabijin tun 1939 yana yaro. An ƙona gawarsa kamar yadda da yawansu ke yi, bayan shekara guda iyalansa suka kai tokar aka ajiye a ƙarƙashin dandamalin Palladium. Britain's Got Talent ta sha yin tantancewarta a gidan, masu waƙa da masu karnuka na hawa suna sauka a kan katakon.